Hannu da Murya Kaɗai

Atika 'yar Ƙofar Marke a gidajen biki ta fara riƙe kyamara, tana ɗaukar amare. Daga baya ta koyi tace hoto a kwamfuta, yanke nan haɗa can, har masu shirya finafinan rayuwar jama'a suka san da ita. Shekara goma sha bakwai tana abu ɗaya. Ta bi masu fasa dutse a Kalambaina, ta taka lakar fadamun Wamakko. Amma a faɗi gaskiya, abin da ya sa ake nemanta shi ne mace ce: tana wuce zaure ta shiga inda namiji ba ya shiga.

Bara wani kamfani daga Abuja ya ba ta aikin fim a kan matan da ke karantarwa a cikin gida. Ta je wurin Inna Balaraba, tsohuwar malamar da ta koya wa rabin matan unguwarsu karatu.

"Ɗiyata, hannuna da muryata kaɗai za ki ɗauka," in ji Inna. "Tun da aka kawo ni gidan ga, baƙo bai ga fuskata ba."

Atika ta yi alkawari. Sai dai lokacin da take saita kyamara, fuskar tsohuwar ta shigo tana dariya, daƙiƙa huɗu tak. Wajen tacewa ta cire. Kuskurenta ɗaya: ta miƙa wa kamfanin duk abin da ta ɗauka, tatacce da ɗanye, kamar yadda aka saba.

Sati uku, sai ga Inna tana dariya a wayar kowa, har ta 'yan acaɓa.

Atika ta kira Saifullah, shugaban aikin.

"Haba Hajiya, ai dariyar nan ita ce fim ɗin! Kin ga yawan waɗanda suka kalla?" in ji shi.

Ji rashin kunya! Uwar wani ce fa, ba tasa ba.

Da ƙafarta Atika ta je ta durƙusa gaban Inna. Tsohuwar ba ta yi faɗa ba.

"Ke kika ɗauka?"

"Ni ce, Inna."

"To."

Ta juya ta ci gaba da biya wa ɗalibarta karatu.

Saifullah an ƙara masa girma. Atika kuwa, yau ko barka ta shiga yi a unguwarsu, hannunta babu komai, sai ta ga mata suna jan mayafi suna rufe fuska.