Fayil Ɗaya Ya Ɓata

Dattijuwar tana zaune a bencin shagon gyara, rungume da tsohuwar kwamfuta cikin zane kamar jinjiri. Mai gyara yana kallon yadda take shafa murfin, ya ce a ransa, wannan kayan mamaci ne.

"Ɗana, muryar maigidana ce a ciki, ta ƙi fitowa. Shara na yi mata, duk sunan da ban sani ba na goge."

Ya kunna ya duba. "Mama, kin haɗa kin goge fayil ɗin da manhajoji suke aro a tsakaninsu. Muryar tana nan."

Bai gama mayar da shi ba, har ta zame mayafi daga kunne ɗaya, ta matso kusa da lasifika.