Limunga Ba Ta Karɓar Guntun Adashi

Duk ɗalibin da ya zauna a Buea ya ce bai taɓa cin kifin Limunga ba, to ko maƙaryaci ne ko marowaci. A bakin titin Molyko take gashi, ƙarƙashin wata laima da ruwan saman garin ya wanke wa launi, ga gasasshiyar agada a gefe, ga yajin da ke sa ƙato hawaye. Gajeriya ce kakkaura, hayaƙi ya rina mata ido, kuma ko a coci ba ta iya magana ƙasa-ƙasa ba. Mahaifinta lebura ne a gonar ayaba. Ya rasu tana ajin ƙarshe na sakandare, ya bar mata ƙanne huɗu, sai ta ajiye biro ta ɗauki mafici. Ba a taɓa jin ta ce kaico ba.

Abu ɗaya ne ya tsaya mata a rai, ba ta da firiza. Haya take yi a ta wani tsoho maƙwabcinta, Pa Ekema, inda kifi ke shiga goma ya fito tara. In ta yi magana ya ce ai kifi ƙanƙancewa yake in ya ji sanyi. Saboda haka ba ta isa ta sari kwali guda ba, kullum sai sayen ɗai-ɗai da tsada, ribar ta ƙare a kuɗin haya. Firizar nan ce ta sa ta shiga adashi, har ta samu mai shagon da ya yarda ya ajiye mata wata zuwa ƙarshen watan kwasarta.

Adashin na ƙawaye goma ne da suka yi makaranta tare. Sau ɗaya a wata, ranar Lahadi bayan an taso coci, suke haɗuwa a gidan mai kwasa, ita za ta dafa, a ci, a yi zubi, uwar adashi ta miƙa mata kuɗi a gaban kowa. Dokarsu tun farko ita ce ba a matsawa kan ta gaba sai mai kwasa ta buɗe baki ta ce ta karɓa. Wadda ke bin Limunga a layin kwasa kuwa Eposi ce, aminiyarta tun suna zuwa makaranta ba takalmi, wadda ake shirin bikinta, kuma da kwasarta za ta biya kuɗin zauren biki.

Ana haka Sirri ta zo da shawara. Sirri ma'aikaciyar banki ce a Duwala, mai kirki ce a hanyarta, sai dai irin mutanen nan ne da ke zaton aljihun kowa zurfinsa ɗaya da nasu. Ta ce ba za a aurar da Eposi haka kawai ba, sai ƙawaye sun yi mata shagalin bankwana da 'yanmatanci: kwana uku a Kribi, otal a bakin teku, farin anko, mai hoto, har da yawo a kwalekwale. Ta ce kowa ta kawo sefa dubu saba'in.

Limunga ta amsa a zauren hirarsu na waya, ba ta ɓoye komai ba. Ta ce ba ta da shi. Ga dubu goma sha biyar za ta iya, kuma in teku ake so ga Limbe nan a ƙofar gida, ita za ta gasa wa kowa kifi kyauta. Sirri ta turo hoton fuska mai dariya. Sauran suka yi gum. Limunga ta ɗauka shirun nan yarda ce, inda ta yi kuskure ke nan.

Ranar kwasarta ta tashi tun da sassafe ta yi miyar ganyen eru da ganda da busasshen kifi, ta tuƙa tuwon rogo, ta aro kujeru. Aka ci aka side hannu, aka yi zubi. Namondo, malamar firamare wadda ita ce uwar adashi, ta miƙa mata kuɗin tana kallon bango. Limunga ta auna su a tafin hannu. Mai sayar da kifi ce, ba sai ta ƙirga ba.

"Malama, kuɗin nan sun yi rama. Ko su ma Pa Ekema ne ya ajiye su?"

Wasu suka yi dariyar yaƙe. Namondo ta ce, "An cire na Kribi ne, 'yar'uwa. Sirri ta ce tunda yau kuɗi na hannunki, gara a sauƙaƙa miki."

"A sauƙaƙa mini." Limunga ta ajiye kuɗin a tsakiyar tebur, kusa da kwanon ƙashi. "To ban karɓa ba."

Sirri ta ajiye wayarta. "Haba Limunga, kada ki ba mu kunya mana. Sau nawa mutum yake aure? Firiza ba guduwa za ta yi ba."

"Kribi ma ba guduwa zai yi ba, Madam. Tekun yana nan tun kafin a haife ki."

"Ke dai wallahi taurin kanki ya yi yawa. Kowa fa ta biya."

"Kowa ta sa hannu a jakarta ta biya. Ni kuma sai aka sa mini hannu a tawa. Wata tara ina shan hayaƙi ina kawo zubi, akwai watan da na kawo da giɓi na ce na cire kuɗin gawayi?"

Sai a lokacin sauran suka fara gane inda maganar ta dosa: in Limunga ba ta ce ta karɓa ba, adashi ya tsaya cak, kwasar amarya ba za ta zo ba. Eposi, wadda tun ɗazu take wasa da zoben hannunta, ta ɗago kai idonta ya ciko.

"Limu, don ni fa ake yi. Ni za ki yi wa haka?"

Wannan ita ce maganar da ta soki Limunga, don tana son Eposi har cikin ranta, kuma ta san kuɗin zauren nan ba wasa ba ne. Da a nan ta sunkuyar da kai ta kwashi abin da aka ba ta, da an tafa mata, a kira ta 'yar halak, ta koma wa Pa Ekema wata shekarar.

"Don ke na ce zan tsaya a rana in gasa wa mutum goma kifi," in ji ta. "Abin da nake da shi ke nan, na kuma ba ki da zuciya ɗaya. Kin ga saƙona, Eposi. Kin karanta kika yi shiru."

Sirri ta ja jakarta ta zuge. "Shi ke nan, a daina tone-tone. Ni zan biya mata, a mayar mata da kuɗinta. Allah ya ba ni lada."

"Riƙe ladarki, uwar ɗakina. Ba sadaka na roƙa ba, kuɗina na ce a cika mini. In kin biya mini, kowane hoto aka ɗauka a Kribi sai an nuna ni an ce ga wadda Sirri ta ɗauko. Zanen aro ba ya rufe katara. Ba ni zuwa, ku je lafiya ku dawo lafiya."

Namondo ce ta kashe maganar. Ta buɗe jakarta ta fito da dubu saba'in ɗin, ta ɗora a kan sauran, ta ce da ma tun jiya abin yake damunta. Limunga ta tattara, ta ɗaure a bakin zane, ta dubi kowa ɗaya bayan ɗaya.

"Na karɓa," ta ce. "Akwai sauran miya, mai so ta ƙara."

Ba wadda ta ƙara. Washegari aka kawo firiza a bayan a-kori-kura, sai da aka cire ƙyauren ɗakin kafin ta shiga.

Aka je Kribi, mutum bakwai, don wasu biyu sun samu bakin cewa su ma ba su da hali bayan Limunga ta share musu hanya, suka karɓe kuɗinsu. Hotuna suka yi kyau. Limunga ta kalle su a waya tana fifita wuta, ta ce farin ya karɓi Eposi, kuma gaskiya ta faɗa. Eposi kuwa ta daina ɗaukar wayarta. Sai a bakin tela Limunga ta ji an cire ta daga 'yan rakiyar amarya. Ta yi kuka a ranar, kuka sosai, ta share ido ta ce wa masu saye hayaƙi ne. Amma da Namondo ta zo ta ce ta je ta ba da haƙuri a wuce wurin, sai Limunga ta ce ta nuna mata laifin tukuna.

Da kwasar Eposi ta zo, an yi zaton Limunga ba za ta taka gidan ba, wasu ma sun fara shawarar yadda za a cike gurbinta. Ita ta riga kowa zuwa. Ta sami amarya a falo tana jera faranti, ta kwance bakin zane ta fito da zubinta, takardun duk sun sha ƙarnin kifi, ta kama hannun Eposi ta danƙa mata.

"Ƙirga, amarya."

"Ba sai na ƙirga ba," in ji Eposi, ba ta dube ta ba.

"Ƙirga dai. Naki ne, ban taɓa ko sisi ba."

Eposi ta ƙirga, suka cika cif. Ba ta ce mata ta zauna ba. Limunga ta jawo kujera ta zauna, ta ce a zubo mata abinci, da nama biyu kamar kowa.