Na Hana Ƙanena Sunan Ubanmu

Edita, a shekarun da ake gina madatsar Bakolori ni malamin firamare ne a Talata Mafara, ina ji da kaina, ina taku kamar ni na ƙirƙiro boko. Babanmu ya rasu, gida ya dawo hannuna. Ƙanena kuwa tun yana yaro ya koyi busa sarewa wajen makiyaya a Damaga, na ɗauka ƙuruciya ce, zai daina.

Da masu ɗaukar fim suka zo kan aikin madatsar, suka ji busarsa, suka nemi ya yi wa fim ɗinsu kiɗa. Ba ya fara busa sai ya kalli hoton sau uku bakinsa a rufe. Ya ari rikodarsu ya bi ƙauyukanmu na wajen Maradun da ruwa zai ci, yana ɗaukar luguden mata da kukan jigon ban ruwa a fadama, sannan ya ɗora sarewarsa a kai. Suka tafi da shi Kaduna, aikin ya karɓe shi. Ran da ya zo sallama na tsare shi a zaure, na ce gidanmu manoma ne, ba mu gaji roƙo ba, in ya zaɓi busa to kada ya sake ya haɗa sunansa da na ubanmu. Ya sunkuyar da kai ya ce ya ji, yaya. Ya sha aiko mini da kaset, ban taɓa sa ko ɗaya ba.

Bayan rasuwar ƙanen nawa na je Bakura wajen wani abokina da la'asar, na tarar ana nuna wannan fim a talabijin. Aka nuno ruwa shimfiɗe, babu gida babu itace. Sai na ji kukan jigo. Wallahi na babanmu ne, na san shi da wata 'yar gargada da yake yi in guga ya cika. Sarewa ta shigo a hankali tana bin sa, in ya ja ta ja, in ya tsaya ta jira shi. Ban san ɗan Adam zai iya tayar da gari daga ƙarƙashin ruwa da kara mai huda huɗu ba. Na ga fadamarmu ƙiri-ƙiri, na yi ta hawaye a gaban yaran mutane.

Da sunaye suka fito a ƙarshe na matsa kusa. Kowa da sunan mahaifinsa, nasa kaɗai ne guntu. Ya cika umarnina har ya koma ga Allah.

Na gane girman kaina nake karewa, ba mutuncin gida ba. Duk wanda Allah ya ba riƙon ƙanne, ya saurari baiwarsu kafin ya yanke hukunci. Ni sai da babu wanda zan ba haƙuri na saurara.