Saura Shafi Biyu

Vukašin mai gyaran agogo ne a Kruševac. Shekara talatin da biyar yana leƙen cikin agogon mutane, har idonsa ya ce ya gaji. A 1985, shekarar da ya ajiye aiki, ƙanin matarsa ya ɓoyo masa 'yar kwamfuta daga Jamus a cikin kayan wanki, irin wadda ake jonawa da talabijin. Shi kuma ya sayo littafin koyon rubuta mata umarni, mai rubutu ƙanana kamar ƙwan kwarkwata.

Tunda ido babu, sai aka raba aiki. Matarsa Dušanka ta riƙe littafi da rula tana karantowa layi-layi, shi yana dannawa da yatsa biyu.

"Waƙafi na ce, tsoho! Kunnen ma ya bi idon ne?"

"Ke dai karanta, malama. Da kin iya miyar wake kamar yadda kika iya faɗa, da tuni na yi tumbi."

Haka suka cinye babi goma sha ɗaya. Allah bai ba su haihuwa ba, kuma ba a taɓa jin gidan nan da hayaniya kamar lokacin ba.

Babin ƙarshe na wasan kwamfuta ne, shafi goma sha huɗu. Ita kuwa na'urar, da an ɗauke wuta ta manta komai sai in an naɗa a kaset, ga rikodarsu ta lalace. Kwana uku suna fama. Saura shafi biyu Dušanka ta dafe ciki, rula ta faɗi. Ana fita da ita zuwa asibiti ta ce, "Kada ka kashe na'urar nan. Wallahi ba zan sake karanto shafi goma sha biyu ba."

Wayar wutar gidan ta tsufa, abu kaɗan fis ya ƙone wuta ta ɗauke. Vukašin ya hau sama wajen maƙwabciyarsu Leposava, wadda suke layin wuta ɗaya da ita, hula a hannu, ya roƙe ta ta jingine guga da murhun lantarki.

"Maƙwabci, in tafi coci da riga a yamutse saboda akwatin wasanka?"

"Har ta dawo kawai, maƙwabciya."

Ta kalle shi, ta naɗe wayar dutsen gugarta. Shi ma ya koma shan kofi mai sanyi. Kullum ya je dubiya, kafin gaisuwa zai ce, "Tana nan a kunne." Dušanka ta yi murmushi. Wutar garin da ba ta da alƙawari, ko ƙiftawa ba ta yi ba.

Rana ta goma sha tara Dušanka ta cika.

Sati guda bayan binne ta, Leposava ta sauko da faranti ta tarar da shi zaune gaban talabijin, littafi a buɗe. Tausayi ya kama ta. Ta ja kujera, ta sa tabarau, ta karanto masa shafi biyun a hankali, ba faɗa ba tsokana. Ya danna umarnin farawa. Ko kuskure ɗaya babu, abin da bai taɓa faruwa a gidan ba.

"Ba na gani sosai," in ji shi. "Me ta rubuta?"

Leposava ta dubi rubutun da ya fito a talabijin, ta karanto masa.

"Cewa ta yi, mutum nawa ne za su yi wasan, ɗaya ko biyu?"