Dutsen Amo da Suna na Huɗu

A ƙasarmu ta Jazira babu dutse. Baƙar laka ce tun daga bakin kogi har inda ido ya gaji, in kana son jifan kare sai dai ka nemi hoge. Wataƙila shi ya sa tatsuniyar da kakata, mahaifiyar babana, wadda muke kira haboba, ta fi so ta dutse ce. Takan ba mu ita da rana tsaka lokacin tsinkar auduga, in mun fake a rumfa. Wai akwai wata ƙasa bayan ruwa bakwai inda ake haƙo wani shuɗin dutse mai sanyi, dutsen amo. Mutanen can ba su san alƙalami ba. Wanda ya ji ajali ya matso sai ya kai dutsen bakinsa ya zuba masa duk abin da ya sani. Bayan ransa jikoki su ƙwanƙwasa shi da zobe, muryar ta fito har da tarinta.

Na girma, na yi aure, tatsuniya ta fita raina. Abin da nake nema wurin tsohuwar guda ɗaya ne. A nan mutum bai cika a takarda ba sai da suna huɗu: nasa, na uba, na kaka, da na uban kaka. Ni uku gare ni. Kakana ya rasu a hanyar tahowa daga yamma babana yana goye, babana kuma ya bi shi ina ƙarami. Duk duniya ita kaɗai ta san na huɗun.

Sau ɗaya na tambaye ta kai tsaye. Ta ja gyale ta rufe baki.

"Kai, marar kunya! In hwaɗi sunan surukina da bakina? Zamna in ba ka labarin hanya tun daga hwarko. Mai hankali shi ka tsintar abu cikin labari."

Ban zauna ba. Ranar ce aka sako mana ruwa a hawasha, gonar da muke nomawa, ruwan kuwa ba ya jiran kowa. Daga nan kullum na gifta sai ta kira ni, kullum ina da uzuri. Har kiran ya soma ba ni haushi.

Wata rana ina dawowa daga Managil na tsinci wani dutse da ya faɗo daga motar masu gyaran hanya, bai fi ƙwan kaza ba. Ina shiga gida tsohuwar ta soma, "Zo nan, zamna." Sai na danƙa mata shi a hannu.

"Ga dutsen amonki, haboba. Zuba mishi duka, in na samu sarari na ƙwanƙwasa."

Matata ta yi dariya, ni ma na yi. Tsohuwar ba ta yi ba. Ta jujjuya shi a tafin hannu, ta ce, "Madalla. Dutsi ba mutum na ba, babu kunya tsakanina da shi."

Tun daga ranar ba ta sake kirana ba. Da hantsi sai ta zauna a gindin bango, dutse a bakinta, tana magana. Maƙwabta suka ce tsufa ya taɓa ta, na yarda da su don hakan ya fi mini sauƙi. Na lura in ina kusa takan ɗaga murya, har ta riƙa maimaita wuri ɗaya. Na ɗauka tsokanata take yi, sai in ƙara sauri. Ta samu hanyar faɗin sunan ba tare da ta faɗa wa kowa ba, ni kuwa da nake ji da kaina na yi boko ban gane ba. Wannan wautar har yau tana ci mini rai.

Ta rasu kafin damina. Bayan sadakar bakwai na tambayi matata, tunda ita ke yini a gida, ko ta riƙe wani abu. Ita a Kamlin ta tashi cikin masu Larabci, Hausarta ta gaisuwa da cefane ce. Ta ce, "Sunaye ne dai da garuruwa, wallahi ban bi ba." Ba zan ɓoye ba, na shiga ɗakin tsohuwar na ƙwanƙwasa dutsen da zoben azurfata. Ƙaton banza da gemu, na kara shi a kunne.

Da ɗana ya isa shiga makaranta aka ce sai na kawo takardata ta ɗan ƙasa. Ma'aikacin da na tarar ya rubuta uku, ya tsaya yana jiran na huɗu. Sai ya dube ni sama da ƙasa, ya ce da Larabci, "Wanda bai san kakan ubansa ba, daga ina ya faɗo mana?" Mutanen da ke bayana a layi suka yi dariya. Ta taga na hango wata babbar mota an rubuta sunan mai ita a ƙofa. Na karanto masa shi, ya rubuta.

Ranar farko da ɗana ya dawo daga makaranta, ya tsaya a gabana ya ƙame, ya jero sunayensa kamar yadda malami ya koya musu. Nasa huɗu sun cika ba da sunan mai motar ba, amma don ya burge ni sai ya ƙara da shi a na biyar, yadda yake a takardata, da ƙarfi.

"Baba, shi wane irin mutum ne?"

Na ce masa mutumin kirki ne.