Bakurden da na tarar yana kokawa da ginshiƙi

Na dawo daga tapau, wato sayo abinci a leda, a gidan abincin da ake kira mamak, takunkumi a fuska, sai na tarar da Karwan a wajen ajiye motocin gidanmu na unguwar Wangsa Maju, a nan ƙasar da nake karatu. Ya ɗaura wa ginshiƙi wani dogon ƙyalle, yana ja yana nishi.

Maƙwabcina ne, Bakurde daga Iraƙi, shi ma karatu ya kawo shi. Tun da aka kulle gari saboda korona nake ganin sa yana harbin iska irin na fim ɗin Chanis, amma wannan kam sabo ne.

Na ce, "Ɗan'uwa, lafiya? Me ginshiƙi ya yi maka?"

Ya ce, "Kokawar garinmu ce, a ɗamara ake kama mutum. Muna yara kaset ɗin karate ya shigo ƙauyenmu, muka watsar da ita muka koma tsalle da ihu. Kakana ya sha kirana ya koya mini, ina ce masa tsohon yayi ne. Jiya korona ta ɗauke shi."

Na yi masa gaisuwa. Ya shafa ginshiƙin ya ce, "Faɗan fim kana yin sa kai kaɗai. Wannan sai da mutum."

Wallahi sai na tuna mu a Fagge, in an tashi daga gidan kallo kowa ya zama ɗan Chana, ba mai kallon filin kokawa.

Na ajiye ledar abincina na ce, "Kwanto ƙyallen nan ka ɗaura mini."

Ya ɗaga ni ya nana da ƙasa, yana dariya yana hawaye.

Ku fa, me fim ya sa kuka watsar a gida, kuma wanda zai koya muku yana nan da rai?