Hannun da Ya Shiga Waƙa

A kasuwar kangon Rumawa, Morwen mai gishiri tana kallon wani baƙon tsoho. Jar alkyabbarsa ta koɗe, haɓarsa a aske irin ta sojan dā, hannun dama dungu. Mawaƙi yana yabon marigayi sarkin da ya kori mahara Saksawa, ana ta tafi, tsohon yana buga dungun a gwiwa.

"Baba, ina ɗaya hannun?" in ji Morwen, tana dariya.

"Sarkin naku ya sare. Hatsin 'ya'yana na hana dokinsa."

Ƙila ma sojan sarkin ne, in ji zuciyarta.

Mawaƙin ya ji, ya ƙare wa tsohon kallo, ya sauya kiɗa. Kafin kasuwa ta watse, ana rera yadda sarki ya sare hannun dodo, ana nuna tsohon da yatsa.